Uba ko miji, wa zai riƙe ta? Amsa ga wani kawu daga Maradi

Tambayar ta fito daga wani bawan Allah mazaunin birnin Maradi. Ɗiyar yayarsa ce, budurwa mai shekara 19. Shekara biyu wani saurayi mai gyaran babur yana neman aurenta, uban ya kori magabatansa har sau biyu, saboda ya riga ya yi wa ɗan wansa alkawarinta. Yarinyar ta gudo gidan kawun. Da ya ga abin na neman lalacewa, sai ya tara mutane, ya tsaya mata waliyyi, aka ɗaura aure, ta tare. Bayan sati uku uban, wanda ke zaune a wani ƙauye ta wajen Madarunfa, ya kai ƙara wurin jandarma cewa an sace masa ɗiya. Angon ya kwana biyu a tsare, yarinyar kuma yanzu tana gidan mai unguwa. Kawun yana son ya sani: auren nan yana nan ko babu? Wa shari'a za ta damƙa wa yarinyar? Shi kansa ana iya kai shi kaso?

Malam, Allah ya saka maka da alheri da ka buɗe wa yarinyar nan ƙofa a daren da ta ƙwanƙwasa. Na yi shekaru ina aikin magatakarda a kotu, na ga inda irin waɗannan yara ke ƙarewa idan kowa ya rufe musu gida. Amma da abin da ba za ka so ji ba zan fara, domin idan ban faɗa maka ba yau, a gaban alƙali za ka ji shi.

Kai ba waliyyinta ba ne. A mazhabar Malikiyya, wadda ita ce malamanmu da masu taya alƙali zama suke bi a nan, waliccin aure ta wajen uba yake gangarowa: uba, ɗan'uwanta na uba, ɗan ɗan'uwan, kaka, sannan ƴan'uwan uba maza da ƴaƴansu. Kawu, duk kusancinsa, dangin uwa ne. Ko da a hannunka ta girma, riƙo ba ya sa ka tsallake uba yana raye yana nan. Sannan ga wani abu da ya fi wannan nauyi. Uban budurwa ba kamar sauran waliyyai yake ba, shi ne wanda malamai ke kira mujbiri, mai ikon aurar da ita. Hukuncin da ke cikin Mukhtasar na Shehu Halilu, wanda almajiran zaure suka sani, shi ne idan wani ya ɗaura wa budurwa aure alhali ubanta na nan bai wakilta shi ba, ana warware auren, ko an tare, ko an daɗe. Ko da uban ya huce daga baya ya ce ya yarda, yardar baki ba ta gyara tsohon ɗaurin. Sai an sake sabo.

Da a ce bazawara ce, ko marainiya, da maganar ta sha bamban. Uba ba shi da ikon tilasta wa bazawara baliga, kuma labarin Hansa'u ɗiyar Hizamu sananne ne: ubanta ya aurar da ita tana bazawara ba da sonta ba, ta kai kuka wurin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya raba auren. Matar da ba ta da mujbiri, idan wani Musulmi ya ɗaura mata aure ba da sanin waliyyinta na kusa ba, auren yana tabbata idan an tare an daɗe, malamai kuwa sun ƙiyasta daɗewar da shekara uku ko haihuwa biyu. Taku ba ta shiga nan ba. Za ka ji wasu na cewa ai a mazhabar Abu Hanifa baliga tana aurar da kanta. Gaskiya ne, amma ba da ita ake zama a kotunan Maradi ba, kada ka ɗora gininka a kanta.

To sai dai saɓanin mazhabobin nan yana da amfani ta wani gefe, kuma ina so ka riƙe shi da kyau don ka rufe bakin masu surutu. Auren da malamai suka yi saɓani a kan ingancinsa ba zina ba ne. Idan an warware shi bayan tarewa, sadakinta nata ne, babu mai karɓe shi. Idan ta samu ciki, ɗan na mijin ne, da sunansa da gadonsa. Kuma sai ta yi idda. Wannan ta ƙarshen ita ce katangar da za ta tsare ta a yanzu, domin abin da na fi jin tsoro a irin wannan rigima shi ne uba ya karɓi ɗiyarsa yau, jibi a raba goro a ɗaura mata aure da ɗan wan nasa. Muddin hukuma ba ta warware na farko ba, wannan aure kan aure ne. Idan an warware amma ba ta gama idda ba, aure ne cikin idda, ɓatacce, kuma a Malikiyya idan sabon mijin ya tare da ita cikin iddar ta haramta gare shi har abada. Ka sa a isar wa uban da wannan magana ta bakin malamin da yake jin nauyinsa. Aure kan aure laifi ne a dokar ƙasa ma, kuma sau da yawa macen ce ke kwana a ciki. Mun ga yadda aka yi da Hadijatu Mani a Ƙonni: wanda ya riƙe ta a matsayin wahaya, wato baiwar da ake zama da ita kamar mata, ya ƴanta ta a 2005, ta auri wanda take so, ya kai ƙara cewa matarsa ce, aka yanke mata wata shida. Sai a 2008 kotun ƙasashen yammacin Afirka ta ba ta gaskiya, ta ce gwamnati ta biya ta diyyar sefa miliyan 10. Tata rigimar ta bauta ce, ba ta iyaye ba, amma tana nuna yadda igiya biyu ke shaƙe mace guda.

Akwai ƙofar da ya kamata ku bi tun farko, kuma har yanzu ba a rufe take ba. Musulunci bai ba waliyyi ikon hana aure don son zuciya ba. Ayar da ke cikin Suratul Baƙara mai cewa kada ku hana su auren mazajensu ta sauka ne a kan Ma'aƙilu ɗan Yasar, da ya rantse ba zai mayar da ƙanwarsa ga mijin da take so ba. Malamai suna kiran wannan hanin adalu. Macen da aka yi wa haka tana da ikon kai ƙara, alƙali ya kira waliyyin ya tambaye shi dalili. Idan babu dalilin da shari'a ta sani, ya umarce shi ya aurar, idan ya ƙi, alƙali ya aurar da ita da kansa, domin hadisi ya ce shugaba shi ne waliyyin wanda ba shi da waliyyi. Dalilin da Malikiyya ta sani kuwa bai wuce biyu ba: addinin mutum da halinsa, sai lafiyarsa daga cututtukan da ake raba aure saboda su. Talauci a kan kansa, ko cewa ubansa mahauci ne ko maƙeri ko wanzami, ko ba ɗan garinmu ba ne, duk al'adarmu ce, kuma nakan ji takaici idan na ga an lulluɓe ta da rigar addini.

Ba zan ɓoye maka ba, a kan uban budurwa malamai sun tsaurara. Sun ce ba a kiransa mai hana aure don kawai ya kori manemi ɗaya, ko ma fiye, sai cutarwar ta tabbata, saboda ana kyautata masa zaton ya fi kowa tausayin ɗiyarsa. Don haka abin da zai yi muku aiki shi ne shaida. Su wa suka je neman auren, yaushe, me uban ya ce musu? Ya taɓa ambata wani aibi na yaron, ko kuwa cewa ya yi kawai ya riga ya bayar? Yarinyar ta faɗa masa ƙarara ba ta son ɗan wan nasa? An doke ta, an kulle ta? Dattawan da aka kora sau biyun nan su ne dukiyarku a yau. Ka je ka same su tun ba su fara cewa ba ruwansu ba.

Yanzu dokar ƙasa. Nijar ba ta da kundin dokar iyali guda ɗaya. An yi yunƙuri a 1994, an sake a 2011, duk bai kai ga zama doka ba saboda adawar ƙungiyoyin addini. Abin da muke da shi igiya uku ce a murɗe: dokar farar hula da muka gada daga Faransa, al'ada, da Musulunci wanda ke shigowa kotu ta ƙofar al'ada. Dokar tsarin kotuna, ta 1962 da ta 2004 da ta 2018 wadda ake aiki da ita, duk sun ce a sha'anin aure, saki, nasaba da gado, al'adar masu shari'ar ake bi. Shi ya sa alƙali ke zama da mataimaka biyu masana al'ada, galibi malamai. Shawara suke ba shi, hukunci nasa ne. Amma dokar ta ɗaure al'adar da sharaɗi: kada ta saɓa wa yarjejeniyoyin duniya da ƙasa ta amince da su, ko dokokin da suka shafi zaman lafiyar jama'a da ƴancin mutum. Nijar na cikin ƙasashen da suka shiga yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1962 wadda ta ce babu aure sai da cikakkiyar yardar ma'auratan biyu. Tun zamanin Turawa ma, dokar Mandel ta 1939 ta wajabta yardar amarya, ta Jakino ta 1951 kuma ta ce mace mai shekara 21 da bazawara suna aure ba mai tare su, ta ƙara da cewa ko yarinya ba ta kai 21 ba, ƙin iyaye ba ya hana auren idan tsadar abin da suke nema ce ta jawo shi.

Ka ga ke nan uban yana iya cin nasara a rabi guda: a warware auren da ka ɗaura. Ɗaya rabin, wato ya aurar da ita ga wanda ta ce ba ta so, babu alƙalin da zai sa masa hannu a kai. Mutane da yawa suna zuwa kotu da zaton idan an raba na farko, na biyu ya tabbata. Ba haka ba ne.

Maganar wa zai riƙe ta kuwa, shekaru ne ke yanke ta, kuma mataki uku ne. Idan yarinya ba ta kai 18 ba, dokar hukunta laifuka ta hana kowa ɗauke ta ko janye ta daga inda iyayenta suka ajiye ta, ko da da ƙafarta ta bi shi, ko da ita ta roƙa. Wannan shi ne laifin da iyaye ke kai ƙara a kansa, shi ne kuma ke sa a tsare ango da wanda ya ba su masauki. A wannan mataki akwai alƙalin yara, wanda dokar 2014 ta tsara aikinsa, kuma yana da ikon duba lafiyar yarinyar kafin komai: ya mayar da ita gida, ko idan ya ga akwai haɗari a gidan ya ba wani amintacce cikin dangi riƙonta, ko ya sa ma'aikatan kare yara su kula da ita. Idan ɗaliba ce, akwai dokar watan Disamba 2017 mai kare karatun ƴaƴa mata, wadda ke ƙara wa maganar nauyi. Idan ta cika 21, ta mallaki kanta ta kowace fuska a dokar farar hula, inda ta ga dama nan za ta zauna. Tsakanin 18 da 21 shi ne wurin da ƙafa ke zamewa, kuma nan ɗiyar taku take. Laifin janye ƙaramar yarinya bai hau kan kowa ba, tunda ta wuce 18. Amma mai kare uban zai ce ba ta kai shekarun mallakar kai ba, tana ƙarƙashin ikon uba. Naku zai amsa cewa aure yana fitar da yarinya daga wannan iko. Sai a koma kan tambayar farko, auren ya inganta ko bai inganta ba. A fiƙihu ma haka zancen yake zagayowa: renon ɗiya mace da ciyar da ita suna kan iyaye har sai miji ya tare da ita.

Duk wannan ya rataya ne a kan takarda guda, don haka yau ɗin nan, kafin gobe, ka nemo takardar haihuwarta. Na sha ganin shari'a ta juye a kan wannan. Yara da yawa na ƙauye ba a yi musu takarda ranar haihuwa ba, sai lokacin shiga lakwal ko jarrabawa a yi musu ta kotu, a rubuta an haife ta wajajen shekara kaza, sau da yawa a rage shekara ɗaya ko biyu don kada a ce ta girme wa aji. Na tuna wata rana da uba ya zaro irin wannan takarda daga aljihun ƴar shara, a naɗe cikin leda, ta nuna 17. Uwar yarinyar tana zaune a ƙasa bakin ƙofa, ba ta ce komai ba tun safe. Da aka tambaye ta sai ta ce ita ba ta san lissafin Nasara ba, amma ta haife ta da kaka, shekarar da aka yi wa ƙanenta aure, kuma tana da katin awo. Aka aika yaro a kan babur ya ɗauko katin a ƙasan adaka, ya yi ja don tsufa, gefensa ɓera ya ci, amma tambarin likita da kwanan wata suna nan. Shekararta 19 da watanni. Saurayin da ke tsare a ranar ya koma gida. Ka nemi katin awo, katin rigakafi, rajistar makaranta, duk abin da ke da kwanan wata.

Kada ka ji haushin jandarma ko mai gabatar da ƙara don sun ɗauki maganar uban da zafi. Binciken ƙasa na 2012 ya nuna kashi 76 cikin ɗari na matan Nijar masu shekara 20 zuwa 24 an aurar da su kafin su kai 18, kashi 28 kafin 15, a jihar Maradi kuwa adadin ya kai 89. Mafi yawan yaran da ke zuwa gabansu da rigimar aure ƙanana ne ƙwarai, dole su fara da zaton yarinya ce. Abin da doka ta ba su shi ne tsare mutum awa 48, ana iya ƙara wasu 48 da izinin mai gabatar da ƙara, daga nan ko a sake shi ko a kai shi gaban shari'a. Kwana biyun da angon ya yi bai fita daga ƙa'ida ba. Idan an sake kiransa ya je da kansa, da takardun a hannu, kada ya ɓuya.

Ga abin da na fi so ka fahimta a duk amsar nan. Ko auren ya tsaya ko ya faɗi, mace mai shekara 19 ba akuya ba ce da za a kama igiyarta a miƙa wa wanda ya ci shari'a. Alƙali yana iya cewa ba ta zama gidan wannan mutum a matsayin mata har sai an gyara ɗauri. Wannan daidai ne, ku ma ku yarda da shi. Amma babu dokar da ta ce a jefa ta mota tana kuka, a kai ta ɗaki a sa kwaɗo. Kulle mutum ba da umarnin hukuma ba laifi ne mai zaman kansa, duka ma laifi ne, kuma dokar ba ta ware uba ba, ba ta ware miji ba. Alƙalan kirki da na yi aiki da su sukan fitar da kowa daga ofis, uba da miji da kawu, su bar yarinyar da magatakarda da mace guda. Na ga wadda ta shigo da ƙullin kayanta cikin ɗankwali, ta zauna bakin kujera kamar za ta tashi, ta ja hijabi ta rufe har hanci. Minti goma ba a ji muryarta ba. Alƙalin bai tambaye ta wa take so ba, don ya san kunya ba za ta bar ta ta faɗa ba. Cewa ya yi, "Ɗiyata, yau da dare ina kike so ki kwana, inda ba za ki ji tsoro ba?" Ta ce, "Gidan gwaggona." Aka kira gwaggon, ƙanwar uban ce, ta sa hannu a takarda cewa amana ce a wurinta, ba mai ɗaukar ta, ba mai ɗaura mata aure, har a gama. Uban bai ji an ƙwace masa ɗiya an ba bare ba, mijin ya san ba a kai ta inda za a tilasta ta ba.

Irin wannan nake ba ku shawara ku nema. Ajiye ta gidan mai unguwa al'ada ce mai kyau ta kwana biyu, ta sanyaya zukata, kuma ta fi ofishin jandarma nesa ba kusa ba. Amma ku sani, dokar sarakunan gargajiya ta 2015 ikon sasantawa ta ba su, daga mai unguwa da maigari har fadar Sarkin Katsinan Maradi da ta Sarkin Gobir a Tsibiri. Suna sulhu, su rubuta takardar an sasanta ko ba a sasanta ba, a kai wa alƙali. Ba su yanke hukuncin raba aure da ƙarfi, ba su tsare mutum. Idan zamanta can ya fara tsawo, ko aka hana ta ganin mutane, ko aka fara matsa mata ta bi uban, ku roƙi takardar rashin sasantawa ku wuce kotu. Gidanka kuma, ka yi haƙuri, bai dace da ajiyar ba yanzu, tunda kai ma kana cikin rigimar. A nemi gwaggo, ko kaka, ko wani dattijo cikin dangin uba wanda ita yarinyar ta amince da shi da bakinta.

Game da kai: idan shekarunta 19 sun tabbata, kuma da ƙafarta ta zo, ba ka yi ƙarya a wata takarda ba, ban ga laifin kaso a kanka ba. Kuskurenka na fiƙihu ne da na zumunci. Ka faɗi gaskiya yadda ta faru, kada ka ce uban ya wakilta ka alhali bai yi ba, kada ka nemo shaidun da za su faɗi haka. Ƙaryar da aka yi don a gyara aure ita ce ke kai mutum inda auren bai kai shi ba.

Sai uban. Kada ku mai da shi dodo. A shekarun da na yi, kaɗan ne na gani waɗanda da gaske mugunta ce ta kawo su. Wani dattijo da ya yi ta faɗa a farfajiyar kotu har muryarsa ta dushe, da aka shiga da shi ciki aka ba shi ruwa, sai ya cire hula ya ɗora a gwiwa ya ce, "Ni ba yaron nake ƙi ba. A kasuwa na ji an ɗaura wa ɗiyata aure. Mai sayar da goro ya yi mini barka." Daga nan bai ƙara magana ba, hawaye ne kawai. Surukinka yana ɗauke da kaya biyu: kunyar an aurar da ɗiyarsa yana raye kamar ba shi, da kunyar wansa da ya yi wa alkawari. Hukuncin kotu ba ya sauke ko ɗaya. Abin da ke sauke su shi ne a mayar masa da matsayinsa. Ka ɗauki limaminsu da dattawa biyu, ka je har gida, ka durƙusa, ka ce ka yi kuskure da ka shiga hurumin da ba naka ba. Durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Magabatan yaron su sake zuwa neman aure kamar ba a taɓa yi ba, da goronsu. Wan nasa a je masa daban, a ba shi haƙuri, a mayar masa da duk abin da ɗansa ya kashe, a lissafa a gaban shaidu har dala, domin sau da yawa kuɗin toshi da aka riga aka ci su ne ƙashin bayan taurin kan. Idan Allah ya sa ya sauko, malamai su duba batun idda, shi da kansa ko wakilinsa ya ba da auren a ƙofar gidansa. Wannan ɗauri na biyu shi ne wanda ba mai iya taɓa shi, a kotu ko a zaure.

Ku kula da yayarka. Kusan duk rigima irin wannan, uwar ce ke shan dukan da ba a gani. Za a ce da saninta, za a ce ita ta turo ɗiyar gidan ƙanenta, wani lokaci har uba ya rantse idan ɗiya ba ta dawo ba a bakin auren uwarta. Idan ya riga ya furta irin wannan, ku kai maganar ga malami tun kafin a yanke inda yarinyar za ta zauna, don a san ainihin lafazin da ya yi da abin da zai warware shi. Kada a bar yarinya da zaɓi tsakanin aurenta da na uwarta, wannan kaya ya fi ƙarfin mai shekara 19. Kuma a sa mata ido da tausayi. Idan ta daina cin abinci, ko ta fara cewa gara ta mutu, kada a ce shagwaɓa ce. A samu mace babba da take sakin jiki da ita ta riƙa kwana kusa da ita, a kai ta likita, a gaya wa alƙali.

Wasu za su ba ku shawara su tsallaka Jibiya ko Katsina ta Ɗan Isa su ɓace har ƙura ta lafa. Kada su yi. Gudu yana mai da maganar uban gaskiya a idon hukuma, yana bar maka kai da uwar da amsa tambaya, kuma ɗaurin da za a sake yi can ba tare da uba ba yana da ciwon da na farko yake da shi.

Idan sulhu ya ƙi, yarinyar ce da kanta za ta shigar da ƙarar hana ta aure, ba kai ba, ba mijin ba. Ba sai kuna da kuɗin lauya ba: hukumar taimakon shari'a ta ƙasa, ANAJJ, wadda aka kafa da dokar 2011, tana da ofishi a babbar kotun Maradi, ana ba da shawara kyauta. Ku je da takardar haihuwa da katin awo, da takardar mai unguwa, da sunayen shaidun ɗaurin aure da adadin sadakin da aka biya, da dattawan nan da aka kora sau biyu. Ranar da aka sake ɗauri kuma, ko uba ya bayar ko alƙali, kada ku wuce kwana 60 ba ku kai sanarwa ofishin magajin gari an ba su takardar aure ba.